Albasar da Ta Jira Alƙali

Tunda masu haraji sun riƙe kayan mutane da ka ɗauko, ka kuma rantse kai da su sai gaban alƙali, Malam Ɗantani, zauna ka ji wani misali kafin ka ɗaura ɗamara.

An yi wani falke mai kai albasa Kudu. Ba shi da ko taki ɗaya a fadama, amana ce jarinsa. In an cire albasa da rani, manoman garinsu sai su ɗura a buhu su danƙa masa, ya kai ya sayar, ya kawo wa kowa nasa. Kowane gida da irin zaren da yake ɗinke bakin buhu, wannan ja, wancan baƙi, wata tsohuwa mai riƙon jikoki marayu kuwa da tsumman shuɗin zanenta take ɗaure nata. Wata shekara yana tsakiyar hanya jami'an haraji suka tare motar, suka ce harajin da ya biya inda ya yi lodi bai shafe su ba. Suka sauke kayan a wani sito mai rufin kwano, ko taga babu, suka garƙame. Da magana ta kai kotu, alƙali ya ba shi mafita tun zaman farko: ya ajiye kuɗin harajin da ake jayayya a kai a hannun kotu, ya kwashi kayansa, in gaskiya tasa ce a mayar masa. Direbansa ya yi ta roƙonsa ya yarda, ya ƙi. Ashe ranar da aka tare su wani jami'i ya kira shi ɓarawon gwamnati a gaban jama'a, kalmar nan kuwa ta tsaya masa a wuya kamar ƙayar kifi. Gani yake in ya miƙa ko sisi, ya amsa sunan ke nan. Abin tausayi, mutumin da ya yi furfura ba a taɓa zarginsa da cin ƙwandalar wani ba, dole abin ya yi masa ciwo. Sai dai ai ya fi kowa sanin halin albasa. Iska take so, in ka kulle ta cikin zafi sai ta yi gumi ta ci kanta. Ya sani sarai, zuciya ce ta rufe masa ido.

Shari'a kuwa ba ta san sauri ba. Yau lauya bai zo ba, gobe alƙali ya tafi taro, aka yi ta ɗagewa har hadari ya fara haɗowa a gabas. A ƙarshe aka ce falke ke da gaskiya, a sakar masa kayansa. Ya fito yana ɗaga kafaɗa, har da taka rawa kaɗan. Amma tun kafin a buɗe kwaɗon sito wari ya tarbe su. Buhuna sun lotsa, baƙin ruwa ya malale ƙasa, tsiro ya huda na sama yana neman haske. Hukunci kuwa bai ce a biya shi ruɓa ba. Ya shiga yana bin zare, yana gane na kowa, har ya kai kan tsumman shuɗi. Nan ya durƙusa cikin ruwan albasa ya fashe da kuka. Da ya koma gida babu wanda ya zage shi. Tsohuwar ma cewa ta yi, “Sannu da hanya, ɗana, Allah ya mayar da alheri.” Wannan addu'a ta fi zagin jami'in ƙona masa rai. Da rani ya zagayo, yana zaune a ƙofar gida ya ga ana wucewa da buhuna zuwa motar wani, har da mai tsumman shuɗi.

Ba wanda ya ce ka bar haƙƙinka, Malam Ɗantani, amma ka fara fitar da kayan mutane tukuna. Irin wannan ne Hausawa ke cewa, garin neman gira a rasa ido.