Ƙeyar Baba a Bab Makka

Ina ƙarama, wata la'asar na kai wa Baba abinci a kasuwar Bab Makka, can ƙasa mai tsarki, inda yake dakon yadi. Sai ga wani Bature da kyamara a kafaɗa. Tafintansa ya ce daga Sulobeniya yake, yana ɗaukar fim wa gidan talabijin na ƙasarsu, kuma fuskar Baba yake so.

Baba ya rufe min fuska da tafin hannunsa. Har yau ina jin ƙanshin sabon yadi da zufa a tafin nan.

"Gaya masa ba ni da iƙama, takardar zaman ƙasar nan," in ji Baba. "In fuskata ta fita, halas, shi ke nan, an kwashe mu. Ya ɗauki bayana."

Baturen ya zagaya ya bi shi a baya.

Har Baba ya rasu bai yarda an ɗauke shi hoto ba. Bara ɗana ya tono min fim ɗin a waya. Ga ƙeyarsa, ga farar hularsa, yana kutsawa cikin mutane da kaya a kafaɗa. Kullum sai na mayar da fim ɗin can farko. Kamanninsa sun fara ɓace min, shi kuwa har yanzu bai waiwayo ba.