Shuɗiyar Toka a Miyar Inna

Ranar Laraba ce, ana yayyafi tun safe. Tun da matsubbatan garinmu suka fara mayar da yashi gishiri, kowa ya san doka: ba a taɓa shuɗiyar tokar da ke fita daga murhunsu, domin tana cinye abin da mutum ya sani.

Amma idon Inna ya yi rauni, kanwa kuma ta ƙare mata. Ta ɗebo tokar a bayan katanga, ta tace ruwanta a miyar kuɓewa. Sau uku ta ɗanɗana kafin na shigo.

"Maraba da baƙo," ta ce. "Ka jiƙe, bawan Allah."

"Inna, ni ne Ilyasu."

"Ilyasu," ta maimaita. "Suna mai daɗi."

Ni ne ɗan farinta. Saboda kunya, ba ta taɓa ambaton sunana ba sai ranar.

Na sauke tukunyar, na wanke mata baki. Ta goge mini goshi da bakin zaninta.

Da yamma na lissafa abin da muka rasa: miya tukunya ɗaya, sunan ƙauyensu, waƙoƙin niƙa biyu, da ɗanta.