Minti Huɗu Babu Fiyano

Ilinca Manolache ta wanke hannu sau biyu kafin ta buɗe gwangwanin. Zaren sautin da ke naɗe a ciki sa'anta ne, shekararsa hamsin da biyu, kuma ya yi laushi har ana tsoron ba zai jure wucewa ta cikin na'ura fiye da sau ɗaya ba.

A kan wannan zare aka ɗauki kiɗan mahaifinta, Horia, da abokansa huɗu, wata Talata da hantsi a birnin Cluj. Jaz ne mai nutsuwa, irin wanda makaɗa ke zama a kan sauti guda su yi ta kewaya shi ba gaggawa. A kiɗa na ƙarshe fiyanon Horia yakan tsaya a tsakiyar jimla, sauran su ci gaba minti huɗu ba shi. Masu tara faifai sun daɗe suna yabon wannan shiru, suna cewa gwaninta ce.

Mutanen Cluj sun san ba gwaninta ba ce. A cikin mintunan nan 'yan sandan ciki suka shiga, suka ɗaga shi daga kujera, suka yi wa sauran nuni da hannu su ci gaba. Kwana uku ya rage ƙungiyar ta tafi wasa ƙetare, an kuma ce ba shi da niyyar dawowa. Ya mutu a tsare. Daga baya aka buga faifan babu sunansa, a kan roba mai arha wadda ƙararta ta haɗiye duk wani ƙaramin motsi.

Mahaifiyarta, Otilia, ita kaɗai ta rene ta, a wani gida mai ɗaki biyu da aka ba su a tsakiyar gari bayan rasuwar. Ba ta taɓa yarda a sa faifan a gidan ba. Sau ɗaya Ilinca ta tambaye ta wa ya kai rahoto. Otilia ta ce a tambayi Traian, mai kaɗa babban goge a ƙungiyar, shi ne ya fi kowa kusa da ƙofa.

Saboda haka Ilinca ta koyi sana'ar yanka faifai, ta yi shekara talatin tana jiran hukuma ta saki zaren. Ta yi wa masu saye alkawari a rubuce a jikin kwali: daga zaren asali kai tsaye zuwa allura, babu kwamfuta a tsakani, ba za a goge ko tari ɗaya ba. Mutum dubu biyu sun riga sun yi rajista. Su sauti suke nema. Ita kuwa murya take nema, domin ta san abin ɗaukar sautin fiyanon a buɗe yake har ƙarshe.

Traian ya zo da safe, yana dogara sanda. Shi kaɗai ya rage a cikin biyar ɗin. Wasiƙa uku ya rubuto mata yana roƙon ta yi aiki da tsohon kwafin da aka rage wa sauti, ba ta amsa ko ɗaya ba. Ta haɗa masa kofi, ya riƙe har ya huce.

"'Yata, ki bar minti huɗun nan yadda suke," in ji shi. "Babu kiɗa a wurin."

"Kawu Traian, ai an ce kunnenka ya mutu. Ashe akwai abin da kake tsoron ji."

Ya ce kunne ɗaya ya rage masa, kuma ya ishe shi azaba. Ya tambayi lafiyar Otilia, ko har yanzu tana iya hawa bene. Ilinca ta ce lafiyarta ƙalau, faifai na farko da ya fito ma ita za a kai wa. Tsohon ya ajiye kofin. Ya roƙi a bar shi ya jira a waje. Ta ce a'a, ta jawo masa kujera tsakanin lasifikokin biyu.

Ta ɗora farantin yanka, ta hure ƙura, ta saukar da allura. Daga nan babu tsayawa, domin in an ɗaga allurar farantin ya lalace, zaren kuma ba zai sake zagayawa ba. Kiɗa ya cika ɗakin. Jikin zaren yana zubar da gari ja a kan ƙarfe. A karo na farko ta ji numfashin mahaifinta tsakanin jimloli, da ƙarar kujerarsa.

Ba ta kalli allurar ba. Traian take kallo. Hannunsa na hagu yana motsi a kan sanda, yana bin igiyoyin da ya kaɗa a ranar.

Fiyano ya tsaya. Ƙofa ta buɗe. Takalma masu nauyi, na mutum uku. Ƙarƙashin kukan ƙaho wani namiji ya tambaya a hankali ina takardun tserewar suke. Ilinca ta matso da kunnenta. Traian ya rufe fuska da tafin hannu, allura kuwa tana ta yanka, tana shigar da kome cikin farantin da za a buga sau dubu biyu.

Muryar da ta amsa ba ta namiji ba ce. A fili ta fito, kusa da abin ɗaukar sautin, tare da wani siririn kuka na jaririya.

"Ku ɗaga murfin fiyanon, can ya ɓoye su, kamar yadda na gaya muku. Yi shiru, Ilinca, yi shiru."