Gwadon da ke Bakin Zaure

Ka ce wannan ne tela na uku da za ka sallama daga shagonka, kuma dukansu da kirkinsu suka zo, a hannunka suka lalace. To, kafin ka nemo na huɗu, ga wani misali, ka juya shi a ranka.

Wani manomi ne yake da jan kare mai tsare masa gona daga birai, yana sonsa kamar me. Wata shekara bayan kaka sai kirci ya kama karen. Gashi ya fara zubewa daga kunnuwa, ya gangaro wuya, har fata ta fito fili tana ɓawo. Manomi ya dafa ganyen darbejiya ya yi masa wanka, ya shafa man maɗaci, har baƙin mai na injin niƙa ya lafta masa, kare ya koma kamar tukunyar da aka sauke daga murhu. Da abin ya ƙi, ya kai shi wurin malamin dabbobi aka yi masa allura. Gashi ya tsiro, bai jima ba ya sake zubewa. Abin da ya ɗaure wa manomin kai shi ne, da damina ta faɗi suka tare a bukkar gona, sai kare ya warke sumul ba tare da magani ba. Suna dawowa gida, ciwo ya dawo. Ya yi ta bincike, don mutum ne mai son sanin dalili. Ya canza masa ruwan sha, ya hana shi ƙashi, ya hana shi yawo da karnukan unguwa, har ya fara zargin bakin maƙwabta. Ko'ina ya duba, ban da tsohon gwadon da shi da kansa ya shimfiɗa masa a bakin zaure don tausayin sanyi.

Da ya gaji, ya ce jinin karen ne ba shi da kyau. Ya ba wani makiyayi shi kyauta, ransa a ɓace, ya samo ɗan kwikwiyo mai sulɓin gashi ya kwantar da shi a kan gwadon nan. Kafin wata ya zagayo, kunnuwan kwikwiyo sun fara ƙwalƙwalewa. Ran kasuwa kuma sai ga makiyayin nan da shanunsa, jan kare na biye da shi, gashi ya cika yana sheƙi. Manomi ya yi masa fito irin na da. Kare ya tsaya, ya kaɗa wutsiya, ya juya ya bi sabon ubangidansa.

Manomi ya tambayi makiyayi, "Don Allah, wane magani ka yi masa?"

Makiyayi ya ce, "Magani kuma? A kan yashi yake kwana, kullum sabon wuri."

Nan take manomi ya bar kasuwar. Ya koma gida ya ɗaga gwadon da sanda, ya ga jan gashi da na kwikwiyo sun cakuɗe a jikinsa, ya cinna masa wuta. Kwikwiyo ya warke, amma jan kare ya tafi ke nan, kuma takaicin bai bar mutumin ba.

Saboda haka je ka ɗaga gwadon shagonka ka duba tukuna. Hausawa sun ce abin da ya ci Doma ba ya barin Awai.