Gwangwanin Kalmomin Mai Kitso

Anti, bari in ba ki wani misali, amma don Allah kar ki tambaye ni ko wace ce. Wata ce kawai.

Wata yarinya ce mai kitso, gidansu yana bayan wata babbar makaranta, 'yammatan makarantar su ne masu zuwar mata. Ita karatunta a aji uku na firamare ya tsaya. To in sun ɗora kai a cinyarta suna hira, sai ki ji wasu kalmomin Turanci suna faɗowa daga bakinsu, ba irin na littafi ba, irin na 'yan gayu, ƙanana masu sheƙi. Ita kuma sai ta tsince. Da yake ba ta iya rubutu sosai ba, sai ta samo gwangwanin madara, duk kalmar da ta kama sai ta jefa dutsen kwalliya guda a ciki, ta tura ƙarƙashin gado. Ba ta taɓa cewa ban sani ba, kunya take ji, sai dai ta ce wai ƙawarta ce ta aiko ta tambayo ma'ana. Shuɗin dutse shi ne "cil", wato kwantar da hankalinki, shi in ta riƙe sanyin ruwan randa take ji. Ja shi ne "besti", ƙawar da ta fi kowa a zuciya. Mai ruwan zinare "silee", wato cin kwalliyar da za ta sa kowa ya waigo. Akwai wani baƙi, shi ba ta son taɓawa, "gostin", wai mutum ya ɓace miki kamar fatalwa, ba faɗa, ba sallama, waya kawai ta yi shiru. Ba ta son shi ne saboda yayarta. Uwa ɗaya uba ɗaya suke, yayar ce ta goya ta bayan rasuwar Innarsu, ta tafi aikin jinya ƙasar waje shekara uku, kuma wata bakwai ke nan ba ta kira ba. Yarinyar a ranta ta gama yanke cewa yayar ta waye ne, hira da wadda ba ta jin Turanci ta gundure ta. Shi ya sa take tarin. Hannunta yana kan kitson shuku, ranta yana can wani wuri: ga yayar ta sauko daga mota cikin farar riga, ita kuma ta buɗe baki, duwatsun suna zubowa kala-kala suna gangarawa tsakar gida, har tantabarun maƙwabta suna sauka su gani, yayar ta tsaya ta ce ashe ba a bar ƙanwata a baya ba.

Rannan kuwa da hantsi sai ga yayar, ba farar riga, ta rame, idonta ya faɗa. Da aka gama gaishe-gaishe mutane suka watse, yarinyar ta ja ta ɗaki, ta shiga jero mata kalmomin da ta tara, ɗaya bayan ɗaya, ba ta tsallake ko guda ba. Yayar ta yi murmushi irin na gajiya, ta ce yawancinsu ai har an daina yayinsu, irin wannan magana kamar ƙosai take, in ta kwana ta tashi daga aiki. Yarinyar ta ji kamar an zare mata ƙasa. Tana shirin ficewa ta ɓuya a bayan gida, sai yayar ta tuɓe ɗankwali, ta zauna a tabarma, ta ɗora kai a cinyarta kamar yadda suke yi wa Innarsu a da. Yarinyar ta ɗauko tsinke ta fara tsaga. Ba a yi layi uku ba jikin yayar ya saki, idonta ya fara lumshewa.

"Lulumi ya zo," in ji yayar.

Anti, wannan kalmar ba ta cikin Turanci, ba ta ma cikin Hausar kowa. Innarsu ce ta raɗa wa barcin nan mai daɗi da yake satar mutum in ana masa kitso wannan suna, su uku kaɗai suka san kalmar a duniya, ga shi ɗaya ta tafi. Yayar ta ce shekara uku bakinta yana ciwo da yaren mutane, kuma ta daina kira ne don in ta ji muryar gida kwana biyu take yi ba ta iya aiki. Tana cikin faɗa barci ya ɗauke ta. Yarinyar ta ci gaba da kitso a hankali don kar ta tashe ta. Da ta zo ƙarshen kowace jela sai ta miƙa ƙafa ta janyo gwangwanin, ta riƙa zura mata duwatsun a gashi, shuɗin, jan, mai ruwan zinaren, har da baƙin ma.

Dama Hausawa sun ce, da tsohuwar zuma ake magani.