Takalman Tafinta

Allo jiƙaƙƙe na fara gani da na shiga zauren Kawu, an jingina shi da bango yana tsane ruwa. Takarda na da tsada a Gure lokacin, shi ya sa yake fara rubuta labaransa na ban dariya a allo. In ya karanta wa abokansa suka ƙyalƙyace, sai ya juya a takarda. Kowa na tsoron ya tsinci kansa a ciki.

Daga lakwal nake, wato makarantar boko, Inna ta aiko ni da fura. Ni ba mai magana ba ce, Kawu ya sani.

“'Yar shiru, me idonki ya kamo mini yau?”

Na sunkuyar da kai na ce akwai wani mutum mai takalman Nasara da suke matse shi. A hammata yake ɗauko su, sai ya hango ofishin kumandan, Baturen mulki, ya zauna gindin aduwa ya cusa ƙafa, yana yi musu magiya kamar jakai.

Kawu ya yi dariya har da hawaye, ya jawo allo. Har yau in na ji warin tawada, dariyar nan nake ji, in yi kewarsa.

Alƙalami ya fara ƙara a kan allo, sai na farga. Mutum ɗaya ne mai irin takalman nan duk garin, tafintan kumandan, kuma ni nake goge su kowace safiya.

Na riƙe hannun rigarsa. “Kawu, don Allah ka wanke. Baba ne.”