Kiɗan Jibo a Siliman Kumandan

"Ka sayar da mu, Jibo!" na daka wa mawaƙin tsawa. "Ka bar waƙoƙinka, ka koma yi wa siliman Nasara kiɗa? Siliman yabon aikin tilas?"

"Malam, zo ka kalla," ya ce.

Na je a fusace. Ga samarinmu a farin ƙyalle suna haƙar hanyar Tibiri. Ganga ta tashi. Wata tsohuwa ta kurma ihu: "Taken ɗana Rabo ne, na wurin gayya!" Wata ma ta fashe da kuka.

Ashe Jibo ya jera taken duk saurayin da aikin ya kashe.

Kumandan, Nasaran da ke mulkinmu, ya ga hawaye, ya washe baki: "Ya burge su! A zaga da shi kowane ƙauye."